Tun da na bar gida nake ganin Kano tar, amma na daina jin ta

Maman Sadik:

Assalamu alaikum 'yan uwa marubuta da masu karatu. Ku yi haƙuri da tsawon bayani, abin ya daɗe yana ci min tuwo a ƙwarya.

Shekara huɗu ke nan rabona da Kano. Maigidana ya zo ƙaro karatu a Aberdeen, can arewacin Birtaniya, ni kuma na biyo shi da yara biyu a ƙarshen 2021. Kafin mu taho na rubuta littattafai uku, irin waɗanda muke saki shafi-shafi a WhatsApp, mai son ci gaba ta biya. Ba zan ce na yi suna ba, amma ina da mutanena, kuma abin da ke shigowa yana isata anko da gudummawar biki ba tare da na miƙa wa kowa hannu ba.

Da muka iso, wata shida ban iya rubuta ko layi ɗaya ba. Gine-ginen garin duk na dutse ne mai ruwan toka, sararin sama ma haka, a watan Disamba kafin ƙarfe huɗu an yi magariba. In na leƙa taga ba kowa sai tsuntsayen bakin teku masu kuka kamar jarirai. Ni da na tashi a gidan da ba a rufe ƙofar zaure sai bayan isha'i, sai ga ni a inda in aka ƙwanƙwasa ƙofa to mai kawo saƙo ne, ya ajiye ya juya. Daga baya na samu aikin kula da tsofaffi, na dare, kwana uku a mako. A can rubutu ya dawo min. Wajen ƙarfe uku, kowa ya yi barci, ina zaune a bakin ɗakunansu da waya a hannu, sai gidan kakata na Yakasai ya zo min gaba ɗayansa. Randuna biyu a gindin darbejiya. Moɗar gwangwani da aka ɗaure da igiya don kada yara su ɓatar. Shatin hayaƙi a bangon madafi. Yadda Hajiya ke danne gefen tabarma da ƙafa in iskar hadari ta taso, ba tare da ta katse lazimi ba. Ƙarar injin markaɗen maƙwabta, da muryar almajiri bayan magariba, "Iya ko ɗan ƙanzo."

Abin dariyar shi ne, sanda nake zaune a cikin gidan nan ban taɓa ganin ya isa shiga littafi ba. Littattafaina uku na farko duk a Dubai da Landan suka ƙare, jarumin yana da jirginsa, jarumar tana sauka a filin jirgi da baƙin gilashi. A lokacin iyakar tafiyata Kaduna. Yanzu ina Turai, ba abin da hannuna ke son rubutawa sai randa da moɗa.

To ga inda gizo ke saƙar. Na fara sakin sabon littafin, mutane suka ce ban taɓa rubutu mai daɗinsa ba. Sai a shafi na 14 jarumata ta hau adaidaita daga Ƙofar Nasarawa zuwa Kabuga, ta miƙa naira ɗari, har ta tsaya jiran canji. Wata ta rubuto, "Anti, wannan a zamanin wane gwamna aka yi?" Aka yi ta dariya har gari ya waye. Ni ban ga wahalar canjin kuɗi ta farkon 2023 ba, ban ga yadda gari ya koma bayan cire tallafin mai a watan Mayun shekarar ba. A waya na ji su, kuma jin waya ba ya shiga jiki. Wannan ma mai sauƙi ne, ana gyarawa. Wanda ya fi yi min ciwo ƙanwata ce ta faɗa: wai 'yan matan littafina suna magana kamar gwaggonninmu. Na koma na saurari saƙonnin muryar da take turo min, na tarar akwai kalmomin da sai na tambaye ta ma'anarsu.

Na gwada rubuta rayuwar nan ɗin, shafi biyu na yi na goge. Masu karatuna Turan da suka sani ta shaƙatawa ce. Kuma gaskiya akwai kunya: in na rubuta, dangin miji za su san aikin da nake yi.

Tambayata ga waɗanda suka san tarihin marubuta: zaman waje gyara marubuci yake yi ko kashe shi? Waɗanda suka daɗe a waje suna rubuta gida, yaya suka yi da kunnensu?

Tsohon Malami, Zariya:

Wa alaikumus salam 'yata. Allah ya yi wa zuri'a albarka.

Bari in fara rage miki wani nauyi. Mutanenmu suna cewa tafiya mabuɗin ilmi, kuma sunan da Abubakar Imam ya sa wa littafinsa ke nan bayan ya je Ingila a 1943 cikin tawagar 'yan jaridun Afirka ta Yamma, lokacin ana tsakiyar yaƙin duniya na biyu. Amma ki duba lissafin shekarun. Ruwan Bagaja ya rubuta shi ne don gasar rubuta littattafan Hausa ta 1933. Magana Jari Ce ya fito kafin 1940. Wato littattafan da muke tuna shi da su duk ya gama su bai ga Landan ba. Labaran Larabawa da na Indiya da na Turawa da ya sarrafa ya mayar da su na Hausawa, a takarda suka zo masa har Zariya. Bayan ya dawo daga Ingila ƙarfinsa ya fi tafiya ga Gaskiya Ta Fi Kwabo da siyasa da littattafan tarihi da addini. Tafiyar ta buɗe masa ido a kan mulki, wannan ba shakka. Ba ita ta koya masa ba da labari ba.

Haka Abubakar Tafawa Ɓalewa. Shaihu Umar ya ratsa hamada har ƙasar Masar, uwarsa ta bi sawunsa ta Murzuk har Tarabulus, alhali mai rubutun yana malamin makaranta a Bauci, ɗan shekara ashirin da 'yan kai. Sai 1945 ya tafi Landan karatu. A ganina a bakin mutane ya samo hamadar nan, domin a lokacin waɗanda suka ga bauta da ayarin raƙuma da idonsu suna nan da ransu.

Akwai kuma sa'an Imam a Masar, Najib Mahfuz, shi ma 1911 aka haife shi. Mutumin nan ko lambar Nobel da aka ba shi a 1988 bai je karɓa ba, 'ya'yansa mata biyu ya tura. Lungunan Alƙahira da gidajen shayinta suka ishe shi har ya koma ga Allah.

Saboda haka ni ƙanwarki nake goyon baya. Kuɗin adaidaita ba komai ba ne. Maganar 'yan matan ita ce abin dubawa, don marubuci da kunne yake ci.

Abu Hafsa:

Allah ya gafarta Malam, ban ƙi taka ba, amma misalanka duk na waɗanda suka zauna ne. Bari in kawo na wanda ya tafi bai dawo ba.

'Yar uwa, na yi karatu a Khartum shekara biyar, kuma a can ba ka zama da mai son adabi minti goma bai ambaci Ɗayyib Salih ba. An haife shi a 1929 a Karmakol, wani ƙauye a bakin Nilu a arewacin Sudan. Ya tafi Landan a farkon shekarun 1950, ya yi aiki a sashen Larabci na BBC, ya auri 'yar Scotland, daga baya ya yi aiki a ma'aikatar yaɗa labarai ta Ƙatar, sannan UNESCO. A Landan ya rasu a 2009, aka kai gawarsa Omdurman. Kusan duk rayuwarsa ta girma a waje ya yi ta, amma in kin buɗe littattafansa ƙauye ɗaya za ki yi ta gani: dabino, kogi, masallaci, tsofaffi a kan gadon igiya.

Babban littafinsa, Mausimul Hijra ilash Shamal, wato lokacin ƙaura zuwa arewa, ya fara fitowa a 1966 a mujallar Hiwar ta Beirut. Mai ba da labarin saurayi ne da ya dawo ƙauye bayan shekara bakwai yana karatu a Turai. Ya tarar da wani baƙo, Mustafa Sa'id, yana noma kamar kowa, yana zuwa masallaci kamar kowa, ashe shi ma ya yi zaman Landan, zama mai muni. A gidansa akwai wani ɗaki da kullum yake kulle. Da aka buɗe bayan ɓatansa, sai ga murhun jin ɗumi irin na gidajen Ingila, a ƙauyen da rana ke gasa mutum, ga littattafai har rufi, babu ko ɗaya na Larabci. Tun da na karanta wurin nan nake cewa duk wanda ya daɗe a waje yana da irin ɗakin. Ke naki a juye yake: kina Aberdeen, ɗakin da kika kulle Yakasai ne a ciki.

Abu biyu nake so ki lura da su. Na farko, wurin da Sudanawa suka fi so a littafin ba Landan ba ne. Hirar tsofaffi ce a ɗakin kakan mai ba da labari, da wata tsohuwa Bint Majzub mai shan taba da baki ba linzami. Mutum yana zaune a Landan ya rubuta hirar da in Basudane ya karanta sai ya ce kakarsa ce. Yaya aka yi? A fahimtata bai yi ƙoƙarin kamo maganar samarin Khartum na shekarar da yake rubutu ba. Muryoyin da ya tafi da su a kunnensa tun yana yaro, su ya rubuta, kuma waɗannan ba sa tsufa don dama tsofaffi ne. Ke ma kin ce 'yan matanki suna magana kamar gwaggonni. To wataƙila littafin na gwaggonnin ne, ke ce kike tilasta musu shiga atamfar 'yan mata.

Na biyu, bai ɓoye tafiyar ba. Bai yi kamar yana zaune a ƙauyen ba. Ya sa mutumin da ya je ya dawo a tsakiyar labarin, da duk ruɗewarsa. A nan nake ganin kin yi kuskure da kika goge shafi biyun nan.

Amma don kada in yi miki daɗin baki: bayan Bandarshah, wanda ya fito kashi biyu a shekarun 1970, bai sake fitar da wani dogon ƙagaggen labari ba, sai maƙaloli a mujalla. Kowa da dalilin da yake bayarwa. Ni dai ina zargin guzurin da ya tafi da shi ne ya ƙare, rijiya kuwa tana nesa. Wannan ra'ayina ne kawai.

Af, kin san garin da kike zaune ya taɓa yin irin wannan aikin? Leila Aboulela ta tashi a Khartum, ta koma Aberdeen a 1990, kuma a can ta fara rubutu, ita da ta karanta lissafin ƙididdiga. Littafinta na farko, The Translator, na 1999, rabi a Aberdeen yake rabi a Khartum, a kan wata Musulma da mijinta ya rasu tana aikin fassara a cikin sanyin nan da kike faɗa. Ita ce ta fara cin kyautar Caine, ta gajerun labaran marubutan Afirka, a 2000. Ki neme shi a laburaren unguwarku.

Ummin Gwammaja:

Ni ba marubuciya ba ce, mai biya ce, don haka bari in faɗi ta masu biya.

Anti, muna ganewa. Tun kafin adaidaita muna ganewa. Marubuciya in ta daɗe a waje sai ta fara yi mana bayanin abin da muka sani, kamar tana magana da baƙi. Ta ce an kawo tuwo, sai ta tsaya faɗa mana da me ake tuƙa shi. Ta ce an yi kamu, sai sakin layi guda a kan ma'anar kamu. Haba. Wa ake wa wannan? In kin ga kin fara haka to a zuciyarki kin canza masu karatu ba ki sani ba. Ke ba ki kai nan ba tukuna, shi ya sa muka yi dariya kawai ba mu watse ba.

Sannan a riƙa faɗin gaskiya, zaman waje yana ba ku abin da na gida ba su da shi. Wuta ba ta ɗaukewa. Ba mai aiko yaro a ce ki zo an yi haihuwa, an yi rasuwa, ana sa lalle. Wata marubuciyar da nake bi a nan sai ta kai wayarta shagon caji ta biya kafin mu samu shafi. Kaɗaicin da kike kuka da shi wata nema take.

Batun wai ba ma son labarin wankin tsofaffi, wa ya gaya miki? Kin tambaye mu? Mun gaji da mai jirgi. Kowace unguwa yanzu akwai wadda ta tafi, tana turo hoto a cikin dusar ƙanƙara, ba mai sanin da me take cin abinci. Ki rubuta, ni zan fara biya. Dangin miji kuwa in kuɗin aikin ya zo ai ba sa tambayar daga ina.

Ɗan Damagaram:

Hajiya, a raba tafiya da kora. Ke ko gobe kika samu kuɗin jirgi za ki sauka Kano, ba mai tare ki.

Mu a nan muna da Abdoulaye Mamani, haifaffen Gudumariya a 1932, ɗan jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary. Da aka haramta jam'iyyar ya bar ƙasa, ya yi shekaru yana gudun hijira, har Aljeriya. Ya dawo bayan juyin mulkin 1974, gwamnatin Kountché ta ɗaure shi. Da ya tashi rubuta littafin da aka san shi da shi a 1980, bai rubuta Aljeriya ba. Sarauniyar Lugu ya rubuta, wadda ta tsaya wa ayarin sojan Faransa na Voulet da Chanoine a 1899. Mutumin da ya ga ƙasar da ta ƙwaci kanta da bindiga, ya dawo gida yana neman wadda ta taɓa cewa a'a a tarihinmu. Ni a nan nake ganin sawun tafiyarsa. Da Faransanci ya rubuta, shi ya sa da yawa cikin jikokin mutanen Lugu sai dai a ba su labari.

Kuma ku 'yan Najeriya kun taɓa riƙe wani baƙo irinsa. Nuruddin Farah na Somaliya yana Rum a 1976 zai koma gida, ɗan uwansa ya gaya masa a waya kada ya zo, gwamnatin Siad Barre ta fusata da littafinsa. Bai sake taka Somaliya ba sai 1996. A tsakanin nan ya koyar a Jos, ya zauna a Kaduna, kuma yana zaune cikinku Mogadishu yake rubutawa. Shi ba shi da ƙanwar da za ta turo masa saƙon murya kullum.

Ɗalibin Adabi:

Ƙarin bayani kaɗan a kan kuɗin adaidaita. James Joyce, marubucin ƙasar Ireland, ya bar Dublin a 1904, ya rubuta Ulysses a Trieste da Zurich da Paris. Da ya zo wurin da jaruminsa zai shiga gida ba mabuɗi, sai ya rubuta wa innarsa wasiƙa yana tambaya ko mutum zai iya haura shingen ƙarfen gida mai lamba 7 a titin Eccles ya dira ƙasa bai ji ciwo ba. Kuma ya kafe labarin a rana ɗaya tak, 16 ga Yuni 1904, shekarar da ya tafi. Tambaya ba abin kunya ba ce, Anti.

Maman Sadik:

Na gode ƙwarai, Allah ya bar zumunci. Baba Malam, na karɓi gyara. Ummi, kin ba ni dariya kuma kin ba ni kunya, domin na koma na duba, a shafi na 9 na yi bayanin yadda ake dama fura. Na cire.

Yaya Abu Hafsa, maganar gwaggonni ta hana ni barci. Na sake karanta abin da na rubuta daga farko, na ga duk inda Hajiya da ƙannenta suke magana rubutun gudu yake, duk inda jarumar ta buɗe baki sai ya fara ɗingishi. Ashe ni ce na maƙala ta don na saba dole sai da budurwa da saurayi. Na yanke shawara zan mayar da labarin 2012, shekarar da na fi sani kamar tafin hannuna, lokacin ina zuwa gidan kullum in an tashi daga makaranta, kafin a hana acaɓa a Kano. Yarinyar za ta zauna, amma 'yar aike za ta koma, mai shiga ɗaki-ɗaki tana jin abin da ba a so ta ji.

Shafi biyun da na goge kuwa, ashe suna nan a cikin saƙonnin da nake tura wa kaina. A kan wata tsohuwa ne a wurin aikinmu, ta haura 90. Kusan kullum wajen ƙarfe biyun dare sai ta fito da jakarta a hannu, ta sa rigar sanyi a kan kayan barci, ta ce min za ta gida, mahaifiyarta na jira. Takan faɗi sunan titin da lambar motar da za ta hau. Abokiyar aikina 'yar garin ta ce an daɗe da rushe layin gidajen. An koya mana kada mu yi musu da su, don haka sai in ce mata motar ba ta iso ba tukuna, mu zauna mu jira. In haɗa mata shayi da madara, ta riƙe kofin da hannu biyu, ta yi ta ba ni labarin matan da ke gyaran kifi a bakin tashar jiragen ruwa, da yadda hannuwansu ke tsagewa don gishiri da sanyi. Wata rana ta dube ni ta ce, ke kuma wace mota kike jira? Na ce ta Yakasai. Ta gyaɗa kai kamar ta san wurin, ta ce ita ma tana yawan makara.

Ban san ko littafi ne ba tukuna. Maigidan ya karanta ya yi shiru, sannan ya ce in bari sai ya gaya wa Umma aikin da nake yi da bakinsa kafin ta ji a wurin 'yan rukuni. Ranar Juma'a zai kira ta.

Kafin nan ina neman taimako. Wa ya tuna nawa ɗan acaɓa ke karɓa daga Yakasai zuwa kasuwar Rimi a 2012, kuma nawa ne in da kaya? Ƙanwata ta ce ita lokacin goya ta ake yi.